Nawa Ne Kuɗin Ƙafar Yaron Mota? Tarihin Diyyar Ma'aikacin da Hanya Ta Nakasa

A ranar 30 ga Mayu 1835 wani mahauci mai suna Thomas Fowler, na garin Market Deeping a gabashin Ingila, ya loda naman tumaki a keken doki, ya sa yaronsa Charles Priestley ya hau ya raka kayan zuwa kasuwa. Lodin ya wuce ƙima. A kan hanya aka ji katakon keken yana ƙara, aka tsaya aka duba, ba a ga komai ba, aka ci gaba da tafiya. Bayan sun wuce Peterborough sai sandar da ke riƙe da ƙafafun gaba ta karye, keken ya kife, naman ya danne yaron. Cinyarsa ta karye, kafaɗarsa ta goce. Mako 19 ya yi kwance a wani masauki na bakin hanya, mahaifinsa kuma shi ya ɗauki nauyin jinya, har fam 50.

Da maganar ta je kotu a Lincoln a 1836, mutanen gari da ake zaɓa su taya alƙali yanke hukunci suka ce a biya yaron fam 100. Mahaucin ya ƙi yarda, maganar ta haura sama, kuma a 1837 babban alƙali Lord Abinger ya soke diyyar. Hujjarsa ita ce yaron da ke kan keken ya san nauyin lodin kamar yadda ubangidansa ya sani, ko ma ya fi shi sani, kuma ba wanda ya ɗaure shi ya hau. Ya ƙara da cewa in aka buɗe wannan ƙofa, gobe bara zai kai ubangidansa ƙara don mai gyaran ɗaki ta shimfiɗa masa zane mai danshi, ko don kuku bai wanke tukunya da kyau ba. Masana tarihin shari'a suna ɗaukar wannan a matsayin ƙara ta farko da aka sani a Ingila wadda ma'aikaci ya kai ubangidansa kotu saboda raunin da ya samu a bakin aiki, kuma abin lura shi ne ba a masana'anta ta auku ba, a kan hanya ta auku.

Duk ma'aikacin da mota ta karya tun daga wancan zamani zuwa yau, tambayoyi biyu ne ke jiransa da zarar ya farfaɗo. Wannan hanya da ka faɗi a kanta, cikin aikinka take ko cikin sha'aninka? In kuma cikin aiki take, nawa ne kuɗin ƙafar? Amsoshin da muke amfani da su a Nijeriya da Nijar ba likitoci ne suka gano su a ɗakin bincike ba. Ciniki ne aka yi a majalisun Turai tsakanin masu masana'antu da ƙungiyoyin ƙwadago da gwamnatoci, ma'aikaci ya haƙura da cikakkiyar diyya domin ya samu tabbatacciya, kuma har yanzu shatin wannan ciniki yana nan a cikin kowace takardar da likita ke sa wa hannu.

Daga hukuncin Abinger da waɗanda suka biyo shi, kotunan Ingila suka gina wa masu ɗaukar ma'aikata garkuwa uku. In abokin aikinka ne ya yi sakacin da ya raunata ka, ba ruwan ubangida. In ka san haɗarin aikin ka karɓa, ka yarda da abin da zai biyo baya ke nan. In kuma kana da hannu a sakacin, ko da ɗan kaɗan ne, ba ka da ko anini. Mai karatu ya auna wannan da aikin sufuri: kusan kowane haɗari yana da direba a ciki, direban kuma abokin aiki ne. Fasinjan jirgin ƙasa da ya sayi tikiti yana iya cin kamfani a kotu, amma mai kula da birki da ke cikin jirgin ɗaya ba shi da wannan dama. Dokar 1880 ta ɗan sassauta lamarin, sai dai har lokacin ma'aikaci ne zai tabbatar da cewa wani ya yi sakaci, alhali shaidunsa duk suna cin abinci a hannun wanda yake ƙara.

Jamus ce ta fara sauya tambayar. A 1871 ta yi dokar da ta ɗora wa kamfanoni alhakin haɗari, abin da ya haifar kuwa shi ne tulin shari'u da ƙarin gaba tsakanin ma'aikata da iyayen gidansu. Bismarck, wanda ya haramta harkokin 'yan gurguzu a 1878, yana neman abin da zai janye zukatan ma'aikata daga gare su, don haka a ranar 6 ga Yuli 1884 aka zartar da dokar inshorar haɗarin aiki. Masu masana'antu na kowace sana'a suka haɗu a ƙungiya ɗaya suna zuba kuɗi, ma'aikacin da ya nakasa gaba ɗaya ya samu fanshon kashi biyu cikin uku na albashinsa, wanda ya nakasa wani sashe kuma a ba shi gwargwadon abin da ya rasa. Ba a tambayar laifin wane ne. A shekarar da ta biyo aka shigar da ma'aikatan sufuri. Abin da ma'aikaci ya bayar a madadin haka shi ne sulusin albashinsa da kuma damar kai ubangida ƙara, sai fa in da gangan aka cuce shi.

Faransa ta bi wannan hanya da dokar 9 ga Afrilu 1898: kashi biyu cikin uku ga wanda ya nakasa gaba ɗaya, rabin abin da albashi ya ragu ga wanda ya nakasa wani sashe. Birtaniya, a dokar 1897 da Joseph Chamberlain ya jagoranta, ta ba da rabin albashin mako, kada ya wuce fam ɗaya, kuma da farko ta taƙaita ga jiragen ƙasa, masana'antu, mahaƙar ma'adinai da gine-ginen da tsayinsu ya wuce ƙafa 30. Wato wanda ya faɗo daga bene mai ƙafa 29 ya karya baya sai ya rungumi ƙaddara. A 1906 ne aka faɗaɗa ta ta game kusan dukan ma'aikata.

Da zarar an ce za a biya gwargwadon abin da mutum ya rasa, sai a nemi mudun da za a auna. A nan ɗalibin zaure da ya karanta Risala ta Ibn Abi Zaid al-Ƙairawani, wanda ya rasu a 996, ba zai ji maganar baƙuwa ba, domin babin diyya jadawali ne cikakke. Rai raƙuma 100 ne, ko dinari 1,000, ko dirhami 12,000. Hannu ɗaya rabin wannan, haka ƙafa, haka ido. Yatsa raƙuma 10, haƙori 5, raunin da ya bayyana ƙashin kai 5, wanda ya ratsa zuwa cikin ciki sulusi. Mai jan dabba da mai korarta da wanda ke kanta duk suna lamunin abin da ta taka, wanda shi ne hukuncin haɗarin hanya na zamanin ayari. Akwai ƙa'idoji biyu a wannan babi da likitocin inshora na Turai suka iso gare su ta tasu hanyar bayan ƙarnoni. Ta farko, ba a ƙiyasta rauni sai ya warke, don a ga abin da ya bari. Ta biyu ita ce hukuma, wato ƙiyasin raunin da ba shi cikin jadawali: malamai suka ce a ƙaddara mutumin a matsayin bawa a kasuwa, a yi masa kuɗi yana lafiyayye, a sake yi masa da tabon raunin, bambancin da aka samu sai a cire irinsa daga cikakkiyar diyya. Ma'aunin na zamanin bauta ne, amma lissafin shi ne abin da yau ake kira kashi kaza cikin ɗari. Mazhabar Maliku ta ma lura da cewa gaɓa ɗaya ba darajarta ɗaya ga kowa ba, shi ya sa idon mai ido ɗaya yake da cikakkiyar diyya.

Bambancin tushe yana nan duk da haka. Diyya tana bin wanda ya jawo raunin, shi ko danginsa, kuma ƙafar attajiri da ta ɗan dako kuɗinsu ɗaya. Sabon tsarin Turai bai damu da wanda ya jawo ba, amma ya ɗaura kuɗin a kan albashi, don haka ƙafar manaja ta fi ta masinja tsada ko da mota ɗaya ce ta kife da su.

Yaƙin Duniya na Ɗaya ne ya mayar da jadawalin gaɓoɓi sana'ar gwamnati. Dubban ɗaruruwan sojoji suka dawo ba hannu, ba ƙafa, ba ido, kuma ba zai yiwu a zauna a yi shari'ar kowa ɗaya bayan ɗaya ba. Birtaniya ta fitar da jadawalin fanshon soja a 1917, Faransa ta yi nata a 1919. Da Birtaniya ta sake ginin tsarin ma'aikata a dokar 1946, wadda ta fara aiki a Yulin 1948, sai ta ɗauko wannan salo na soja: a kwatanta mai rauni da lafiyayyen mutum sa'ansa kuma jinsinsa, a faɗi kason da ya rasa, ba tare da duba sana'arsa ba. A jadawalin da suke amfani da shi, yanke ƙafa daga ƙugu kashi 90 ne, hannu 60, ido ɗaya 40, babban yatsa 30, manuniya 14.

Amfanin irin wannan jadawali a fili yake. Yana rage jayayya, yana hana a yi wa na Kano hukunci daban da na Legas, kuma yana kare talaka daga likitan da kamfani ke biya. Aibinsa ma a fili yake, kuma haɗarin mota ne ya fi tona shi. Jadawalin an gina shi ne a kan abin da injin masana'anta da harsashi ke yi, wato su cire gaɓa ɗaya a wuri sananne. Mota ba haka take yi ba. Tana karya ƙugu da haƙarƙari da ƙashin baya a lokaci ɗaya, ta buga kai, ta bar mutum da gaɓoɓinsa cikakku amma ba ya iya zama na awa biyu, ko ya riƙa mantuwa, ko zuciyarsa ta riƙa bugawa in ya ji ƙarar birki. Idon sawun dama da ya sandare ƙaramin kaso ne a takarda. Ga akawu, ɗingishi ne kawai. Ga direban tirela da ke taka totur da birki daga Apapa zuwa Maiduguri, ƙarshen sana'a ne. Dokar Faransa ta yi ƙoƙarin toshe wannan giɓi da ta umarci likita ya duba shekarun mutum da lafiyarsa gaba ɗaya da ƙwarewarsa a sana'a, ya ɗauki jadawali a matsayin jagora kawai. A ganina wannan ya fi kusa da adalci, ko da yake yana mayar da ma'aikaci hannun likita ɗaya da ra'ayinsa, wanda shi ne abin da aka yi jadawali don a guje masa tun farko.

Matsalar raunuka da yawa a jiki ɗaya kuwa, wani likitan shari'a na Paris, Victor Balthazard, shi ya bar mata lissafin da ake kira da sunansa. Ba a tara kason raunuka kai tsaye, don kada jimla ta haura ɗari. Alal misali, in ƙafa ta ci kashi 40, saura 60 ke nan na ƙarfin mutum. In hannu kuma kashi 20 ne, sai a cire shi daga wannan 60 da ya rage, ya zama 12. Jimla 52, ba 60 ba. Daga nan sai tsarin Faransa, wanda Nijar ta gada, ya ƙara wani mataki kafin a kai ga kuɗi: abin da bai wuce 50 ba a raba shi biyu, abin da ya haura 50 a ninka shi sau ɗaya da rabi. Mai kashi 52 zai karɓi 25 da 3, wato kashi 28 na albashinsa. Mai kashi 40 zai karɓi 20. Mai kashi 100 ne kaɗai ke samun albashinsa cikakke. Ba wani dalilin likitanci a cikin wannan rabawa. Ragowar cinikin 1898 ce, lokacin da aka ce asarar haɗari a raba ta tsakanin ubangida da bara tunda ba a binciki mai laifi ba.

Duk wannan lissafi ba ya farawa sai an amsa tambayar farko, ta hanya. Dokar Birtaniya ta 1897 ta gindaya sharuɗɗa biyu a jimla ɗaya: haɗarin ya taso daga aikin, kuma ya auku a cikin aikin. Kalmomi kaɗan ne, amma lauyoyi sun ci abinci a kansu shekara hamsin. Da farko kotuna suka ce haɗarin titi na kowa ne, mai aiki da mai yawo duk mota na iya bugewa, saboda haka bai taso daga aiki ba. Wannan ra'ayi ya faɗi a 1917, a shari'ar Dennis da kamfanin White. Wani yaron magina ne aka aika a kan keke ya ɗauko kayan shafe a titunan Landan, mota ta buge shi, ƙafarsa ta karye. Majalisar Dattawa, wadda ita ce kotun ƙoli a lokacin, ta ce tunda aikin ne ya fitar da shi titi, haɗarin titi ya zama haɗarin aikinsa, ko da sauran jama'a ma suna fuskantar irinsa. Shekara 80 ke nan bayan hukuncin Abinger.

Wanda aka aika ya samu shiga. Wanda ke tafiya daga gida zuwa aiki bai samu ba. A 1924, a shari'ar mahaƙar kwal ta St Helens da wani ma'aikaci mai suna Hewitson, mutumin ya ji rauni a tashar jirgin da kamfanin da kansa ya tanada wa ma'aikatansa, amma kotun ta ce tunda ba dole aka yi masa ya hau jirgin ba, bai kasance cikin aiki ba. Dokar 1946 ta gyara wannan ɓangare na motar kamfani. Tafiyar yau da kullum daga gida kuwa, a bas ko a keke ko a ƙasa, har yau tsarin Birtaniya bai ɗauke ta haɗarin aiki ba.

Jamus ta ɗauki wata hanya tun 1925, ta shigar da tafiya zuwa aiki da komawa gida cikin inshora. Dalilin mai sauƙi ne: birane sun faɗaɗa, gidajen ma'aikata sun yi nisa da masana'antu, motoci sun cika tituna, kuma ba don aikin ba da mutumin bai fito da asuba ba. Faransa ta yi haka a dokar 30 ga Oktoba 1946, da sharaɗin kada mutum ya katse tafiyar ko ya karkata don wata buƙatar kansa. A 1964 Ƙungiyar Ƙwadago ta Duniya ta sa maganar a yarjejeniyarta mai lamba 121, kuma shawarar da ke tare da ita ta lissafa wurare uku: gidan ma'aikaci, inda ya saba cin abinci, da inda ya saba karɓar albashi.

Wannan saɓani na Turai ya sauka a ƙasar Hausa ya bi layin iyaka. A yankunan Faransa, bayan dokar ƙwadago ta 1952, an fitar da dokar 24 ga Fabrairu 1957 kan haɗarin aiki, da tafiyar gida zuwa aiki a cikinta, kuma Nijar ta ɗora aikin a kan asusun jin daɗin ma'aikata na CNSS da ta kafa a 1965, wanda ke biyan fansho. A Nijeriya kuwa dokar diyyar ma'aikata ta 1941 ta kwafo sharuɗɗan nan biyu na Birtaniya, kuma dokar soja ta 1987 da ta maye gurbinta ta riƙe su. Ma'ana, fiye da shekara hamsin, ma'aikacin kamfani mai rajista a Maraɗi da mota ta buge a kan kekensa da safe yana da haƙƙi a takarda, takwaransa na Katsina kuwa, tafiyar awa biyu tsakaninsu, sai ya nemi direban da ya buge shi, in ya tsaya.

Tsarin Nijeriya na wancan lokaci yana da wani rauni da ya fi wannan. Kuɗin a dunƙule ake biya sau ɗaya, kuma daga aljihun mai kamfani ko kamfanin inshorarsa. A dokar 1987, mutuwa albashin wata 42 ce, nakasa ta gaba ɗaya albashin wata 54, nakasar wani sashe kuma kasonta daga cikin wata 54 ɗin. Wanda likita ya rubuta wa kashi 40 zai tashi da albashin wata 21 da 'yan kwanaki, shi ke nan har abada, ko da shekararsa 25. An yi wannan doka ne shekara ɗaya bayan an fara karya darajar naira a 1986, saboda haka duk jinkirin da aka yi wajen biya riba ce ga mai biya. Mutumin da bai taɓa riƙe kuɗi masu yawa ba, ga bashin asibiti, ga dangi, ga shawarar ya sayi injin niƙa ko ya buɗe shago, ba a daɗe ba sai kuɗin su ƙare, nakasar tana nan.

Mai karatu zai ce ai akwai inshorar mota. Akwai, amma an gina ta ne don wasu. Dokar Birtaniya ta 1930 da ta wajabta inshorar kare wanda mota ta cutar ta cire ma'aikatan mai motar daga ciki, bisa tunanin cewa dokar diyyar ma'aikata ta riga ta ɗauke su. Nijeriya ta bi wannan tsari a dokarta ta 1945. Sakamakon shi ne direba da yaron mota, mutanen da suka fi kowa daɗewa a kan kwalta, su ne takardar inshorar da ke cikin motar ba ta yi alkawarin komai a kansu ba. An tura su ga dokar ma'aikata, ita kuma tana neman shaidar albashi da ta ɗaukar aiki, abubuwan da ba a san su a tasha ba.

A ranar 17 ga Disamba 2010 Shugaba Goodluck Jonathan ya sa hannu a sabuwar dokar diyyar ma'aikata, kuma a takarda ta gyara kusan duk abin da aka lissafa. Masu ɗaukar ma'aikata suna zuba kashi 1 cikin ɗari na jimlar albashin wata a asusu ɗaya da hukumar NSITF ke riƙe da shi. Biya ya koma na wata-wata: kashi 90 na albashi ga wanda ya nakasa gaba ɗaya, kashi 90 na abin da aka ƙiyasta ya rasa ga wanda ya nakasa wani sashe. Hanya ta shigo da wuraren nan uku na 1964, gida da wurin cin abinci da wurin karɓar albashi. Dokar ta ambaci babban gida da gida na biyu, abin da zai yi wa mai iyali a unguwa biyu daɗi, amma ta ƙara sharaɗin cewa mai kamfani ya san wurin tun kafin haɗarin. Wanda ya tashi daga Kurna ya koma Hotoro bai sanar da ofis ba ya bar ƙofar gardama a buɗe. In kuma wani ne daban ya jawo haɗarin, ma'aikaci zai zaɓa tsakanin karɓar diyyar asusu da kai wancan ƙara, in ya zaɓi asusu sai haƙƙin ƙarar ya koma hannun hukuma.

Ma'anar ma'aikaci a dokar tana da faɗi. Ta haɗa da wanda aka ɗauka da baki ba da takarda ba, ta kuma ambaci sana'o'in da ba na ofis ba. Amma asusun yana gane mutum ne ta hanyar jerin albashi, kuma harkar sufurin ƙasar nan ba a kan albashi take tafiya ba. Direban haya balas yake kawo wa mai mota, abin da ya ragu nasa. Mai a-daidaita-sahu biyan kuɗin mashin yake yi kullum har ya mallake shi. Yaron mota ladansa abinci ne da ɗan abin da maigida ya miƙa masa da koyon tuƙi. Ɗan acaɓa a Gusau da ɗan kabu-kabu a Damagaram ba su da wanda zai zuba musu kashi ɗaya. In haɗari ya auku, abin da ke aiki shi ne karo-karon 'yan tasha, da tausayin mai mota, da sulhun da dattawa ke yi, wanda sau da yawa yakan ƙare da yafewa tun kafin a san abin da raunin zai bari.

Ko ga wanda sunansa ke cikin jerin albashi, ƙiyasin nakasa yana tafiya ne a kan takarda: hoton ƙashi na ranar farko, rahoton 'yan sanda ko na jami'an kiyaye haɗurra, bayanin likitan da ya fara gani. Mutane da yawa da suka karye a hanya sukan bar asibiti su tafi wurin mai ɗori, wasu don tsoron a yanke ƙafa, wasu don kuɗi, wasu don sun ga ya yi wa maƙwabci aiki. In ƙashin ya haɗe a karkace, bayan watanni sai a iso asibitin ƙashi na Dala, likita ya ga nakasa a fili amma ba shi da abin da zai nuna yadda raunin yake a ranar haɗari, balle ya raba abin da mota ta yi da abin da jinya ta ƙara. Dokar 2010 ta ba ma'aikaci ko iyalinsa kwana 14 su sanar da mai kamfani, ta ba mai kamfani kwana 7 ya kai rahoto, ta kuma ba da shekara ɗaya a shigar da neman diyya, sai in akwai uzuri na musamman da zai sa a karɓa har zuwa shekara uku. Karayar cinya irin ta Charles Priestley takan ɗauki wata huɗu zuwa shida kafin ta haɗe, kuma kwanaki 14 ɗin farko su ne waɗanda iyali ke zarya tsakanin gadon majinyaci da neman jini da kuɗin tiyata.